Hoton Da Na Cire Daga Wayarsa

Kwana biyu kun ji ni shiru, har wasu na ta turo min saƙo wai ko an ɗaura ne ban gayyace su ba. Ba a ɗaura komai ba, jama'a. Ni ce ma na kama hanyar kwance abin da ake ƙoƙarin ɗaurawa, da wannan ɗan yatsan nawa da nake rubuta muku da shi. Na fara rubutun nan na goge ya fi a ƙirga, don duk yadda na juya labarin ba na fitowa da gaskiya a cikinsa. To bari kawai in faɗa muku yadda aka yi. Wanda zai zage ni ya zage ni, na cancanta.

Ga waɗanda yau suka fara karanta ni, ni ce auta a gidanmu, kuma Auta kowa ke kirana, har a shagon maganin da nake aiki. A shagon ne ma muka haɗu da shi. Firjin da muke ajiye alluran da ba sa son zafi ne ya tsaya cak wata rana, mai shagon ya kira mai gyara, sai ga wani dogon saurayi da jakar kayan aiki a kafaɗa da tabon mai a aljihun riga. Ya gyara firjin, ya karɓi lambata wai don ya riƙa jin lafiyar firjin. Firjin nan kuwa ya sha gaisuwa, safe da yamma. A gidanmu Mai Firji suke ce masa. Ni a wayata Sanyina na rubuta, kuma kada wanda ya yi min dariya.

Bai iya daɗin baki ba ko kaɗan. Idan na ɓata lokaci gaban madubi na fito na tambaye shi yaya ya gani, sai ya ce, "Lafiya lau," kamar jikin mara lafiya na tambaye shi. Amma ranar da na yi ƙorafin ƙafata na ciwo saboda tsayuwa a shago, sai ga shi bayan kwana biyu da wata doguwar kujera da ya haɗa da hannunsa, daidai tsayin kantarmu, har da wurin ɗora ƙafa. Irin son da ya iya ke nan, kuma ni na sani sarai.

Sai wayarsa. Ku riƙe maganar wayar nan, don a kanta komai ya faru. Tsohuwa ce tukuf, gilashin ya tsage daga kusurwa zuwa kusurwa, maɓallin rage sauti ya daɗe da mutuwa, murfin bayan kuma salatif ne ke riƙe da shi. A fuskar wayar akwai hoton mahaifiyarsa, Allah ya ji ƙanta. Tana tsaye gaban igiyar shanya cikin riga mai duhu, ɗankwalinta ya karkace, ta ɗago hannu za ta kare fuskarta, amma dariya ta riga hannun isa. Hoton ma bai fita sosai ba. Ya kwashe duk 'yan alamomin nan na kan waya ya tura su shafi na biyu, don kada ko ɗaya ta hau mata fuska. Tun farkon haɗuwarmu ya ce min, "Mamana ce." Na ce Allah ya ji ƙanta, ya ce amin. Bai ƙara ba, ni ma ban ƙara tambaya ba. Da na tambaya, da yau ba wannan nake rubuta muku ba.

Matsalata a gida ita ce Gwaggo, yayar Abba, wadda maganarta ba ta faɗuwa ƙasa a gidanmu. Gwaggo tana da nata ɗan takarar, ɗan wata ƙawarta mai shagon tayil. Sau ɗaya bawan Allahn nan ya gan ni, washegari hotona ya hau fuskar wayarsa, ban ma san inda ya samo shi ba. Gwaggo ta gani da idonta, shi ke nan ta samu abin faɗa. Matar da sai an danna mata lamba kafin ta yi kira, ta wayi gari ta zama malamar waya.

"Yaran yanzu ba a bakinsu ake gane su ba," in ji ta, tana gyara zaman tabarau. "Wayar za ki duba. Abin da mutum ke kallo yana tashi, yana kallo zai kwanta, ai shi ne a ransa. Shi wannan Mai Firjin naki wa ya ɗora?"

"Gwaggo, ni ban duba ba."

"Ba ki duba ba, ko kin duba ba ke ba ce?"

Yayata, wadda ke aure a unguwar da ke bayanmu amma kullum tana gidanmu kamar ta bar cibiyarta a falo, ta kwashe da dariya. Ita mijinta hotonta ne a wayarsa, ta yi kwalliya kamar za ta tashi sama, don haka bakinta a buɗe yake.

Wata ranar da ya zo, ya sa wayar a caji a falonmu ya fita masallaci. Yaya na ganin ya fita ta taso.

"Auta, zo mu ga kishiyar da ke hana ki barci."

"Yaya, ki bari mana. Mahaifiyarsa ce, ta rasu."

"Allah ya ji ƙanta. Ai ba cinye ta zan yi ba." Ta danna, fuskar wayar ta haska. Ta sunkuya, ni ma na sunkuya. Sai ta ce, "Tabɗi! Ke da hotunanki sun cika waya har tana kukan ba wuri, ɗankwali a karkace da igiyar shanya suka kayar da ke?"

Na yi dariya. Ba zan ɓoye muku ba, na yi dariya har da riƙe ciki, don yadda Yaya ke faɗar magana ko a gidan makoki sai ka cije leɓe. Ta ce in ɗauka da wayata in tura mata, ta nuna wa Gwaggo, ko ba komai ta san ba wata budurwa ba ce. Na ɗauka muna cikin dariyar, na tura mata. Da ya dawo ya yi sallama sai na ji wani iri, na goge hoton daga wayata, na manta da zancen. Gwaggo kuwa da ta gani cewa ta yi, "To ai shi ke nan, ya auri mahaifiyar tasa."

Ana haka Abba ya kira ni ɗakinsa. Ya ce ya gaji da ganin takalman maza kala biyu a ƙofar falonsa, in tsayar da ɗaya. Na sunkuyar da kai ina wasa da bakin mayafi na ce Mai Firji. Ya ce to, amma sai Gwaggo ta zauna da shi ta gan shi. In ta ce ya yi, kawun yaron ya zo su yi magana ta manya. In ta ce bai yi ba, in yi haƙuri, shi ba zai tsallake maganar yayarsa ba. Aka sa rana zai zo cin abincin rana.

Ranar na tashi tun da sassafe. Na sa doguwar rigata koriya mai ɗinkin zare ruwan zinariya a wuya da bakin hannu, na yafa mayafi ruwan madara, na sa 'yan kunnen Umma da ba ta ba kowa aro. Na tsaya jikin labulen ɗakinmu inda haske ke shigowa na ɗauki hoto, na tura masa. Ya amsa da, "Lafiya lau. Ina hanya." Umma ta dafa shinkafa da kaza, aka fito da farantan da ke zaune a kabad suna jiran baƙi tun ina firamare. Gwaggo ta hakimce a kujerar Abba cikin leshi ruwan toka, jakarta a cinya, kamar wadda za ta yanke hukunci a kotu.

Ya iso cikin farar riga da ta sha guga, da sabon takalmi da na ga alamar yana matse shi. Ya durƙusa ya gaida kowa. Gwaggo ta fara jero tambayoyi, aikinsa, gidansu, su nawa ne a wurin mahaifinsu, yana amsawa a taƙaice, ita kuma idonta na kan aljihun da wayar take. Can Umma ta leƙo daga kicin, ba da wata manufa ba, ta ce firjinta ya kwana yana wani gurnani. Kafin ta rufe baki ya miƙe yana naɗe hannun riga.

"Haba, zauna mana, yau ai baƙo kake," in ji Umma.

"Ba komai, Umma, dubawa kawai zan yi."

Na bi shi kicin. Ya jawo firjin, ya durƙusa a bayansa da farar rigar nan, ya kunna fitilar wayarsa ya miƙo min.

"Auta, riƙe min. Haska nan ƙasa."

Na haska. Ya taɓa nan ya ɗaure can, gurnanin ya tsaya. Ya ce wani ƙarfe ne ya saki, ya wuce bayan gida wurin famfo zai wanke hannu. Ya bar ni tsaye da wayarsa a hannu, a buɗe. Daga falo kuma ina jiyo muryar Gwaggo, wadda ba ta taɓa iya raɗa ba.

"Ladabi kam yana da shi. Amma ni sai na ga wayar nan tukuna. In har yau yarinyar nan ba ta samu wuri a kai ba, to a cikin gidansa ma ba za ta samu ba."

Na kalli wayar. Mahaifiyarsa na kallona ta bayan hannunta tana dariya. Wata zuciyar ta ce min, Auta, ajiye. Wata ta ce, na ɗan lokaci ne fa, Gwaggo na tafiya ki mayar masa, ai hoton yana cikin ma'ajiyar hotunansa, ni da nake canja nawa duk ranar da na yi sabon ɗinki na san abin ba wuya. Wannan ta biyun na bi. Ban ko leƙa ma'ajiyar na tabbatar ba, abin da ba zai ɗauke ni numfashi uku ba. Na buɗe hirarmu, na danna hotona mai koriyar riga, na zaɓi a sa shi a fuskar waya. Wayar har tambayata ta yi, a allon kulle, ko a na ciki, ko duka biyun. Wallahi ta tambaye ni. Da na zaɓi ɗaya, da ɗayan ya tsira. Na danna duka biyun.

Na dawo falo na ajiye wayar a kan teburin tsakiya, dab da kofin Gwaggo, fuskarta a sama. Ya shigo yana goge hannu, aka zuba abinci. Na zauna gefen Yaya, na sa hannu ƙarƙashin mayafi na tura masa saƙo: "Ka yi kyau yau."

Wayar ta yi ƙara, ta haska. Ga ni nan, koriya shar, na cika fuskar waya.

Gwaggo ta sauke cokali, ta ɗora tabarau, ta sunkuya har goshinta na neman taɓa teburin.

"A'a! Masha Allah! Ashe yaron nan ya san abin da yake yi. Ke 'yar nan," ta juya ga Yaya, "ba ke kika nuna min wani hoton daban ba?"

"Ai an samu ci gaba, Gwaggo," in ji Yaya, tana taka min ƙafa a ƙarƙashin tebur.

Ni shi nake kallo. Ya miƙa hannu ya ɗauki wayar a hankali. Ya buɗe ta, ya ja zuwa shafi na biyu, ya dawo na farko, ya kashe, ya sake kunnawa. Ban taɓa ganin fuskar mutum ta yi haka ba. Bai ɓata rai ba, bai harare ni ba, kawai dai wani abu ya ɗauke a cikinta kamar an kashe fitilar ɗaki.

"Ko ba haka ba, ɗana?" in ji Gwaggo. "Mai rai ai shi ake sawa a gaba. Iyaye kuma addu'a suke bukata."

Ya ɗago ya dube ni, kallo ɗaya, sannan ya ce, "Haka ne, Gwaggo."

Bai tona ni ba. Ya kife wayar a cinyarsa, ya ci abincin da bai fi loma biyar ba, ya yaba girkin Umma. Gwaggo ta saki jiki har tana ba shi labarin firjinta na farko. Da zai tashi ta ce, "Ka ce wa kawun naka ya zo, ƙofa a buɗe take." Yaya ta rungume ni a bayan labule. Ni kuwa, Allah ya yafe min, a lokacin daɗi nake ji, ina ganin na yi dabara. A raina cewa nake ɗan fushi ne zai yi, in lallashe shi a bakin ƙofa.

Na raka shi inda ya jingine babur ɗinsa. Bai hau ba, ya tsaya yana kallon ƙasa.

"Ke kika canja?"

"Wasa ne fa, Sanyina. Ba ka ga ya yi aiki ba? Kawo in mayar maka yanzun nan."

"Daga ina za ki mayar?"

"Daga cikin hotunanka mana."

Ya miƙo min wayar. Na buɗe ma'ajiyar hotunan ina murmushi. Bayan firji. Cikin firji. Wata lamba da aka rubuta jikin ƙarfe. Wayoyin wuta ja da baƙi. Hotunana da nake tura masa, duka, bai goge ko ɗaya ba. Na ja ƙasa, na ja ƙasa, har na kai ƙarshe. Na koma sama na sake farowa. Murmushin ya bushe a fuskata.

"Ina yake?"

"Babu."

"Kamar yaya babu?"

"A katin memori yake, tare da sauran hotunan. Bayan rasuwarta memorin ya lalace, komai ya tafi. Wannan kaɗai ya tsira, don yana manne a fuskar wayar." Muryarsa a kwance take, kamar yana yi wa mai firji bayanin abin da ya ƙone. "Shi ya sa ban canja wayar ba, Auta. Na san ana yi min dariya a kanta. Na so wayar ta ɗauki hoton fuskarta da kanta, maɓallin ya mutu. Masu gyara kuma tsoron ba su nake, kada su wanke ta su goge komai. Kullum ina cewa zan sa wani ya ɗaukar min da tasa wayar. Kullum sai in ce gobe."

"Ba wani hoton nata? Ko a wurin 'yan uwa?"

"Mama ba ta son hoto. Sai na katin shaida, wanda ta ɗaure fuska kamar an yi mata laifi. Wannan ne kaɗai take dariya." Ya dubi wayar a hannuna. "Ƙanwata in kewarta ta ishe ta, shagona take zuwa ta ce, Yaya, ba ni wayar in gaida Mama."

Na dafa kujerar babur ɗin. Na ce ya yi haƙuri, na ce ban sani ba, na ce wallahi niyyata in mayar. Kalmomin suna fita ina jin yadda ba su da nauyin komai. Na so ya yi min tsawa, ya zage ni, ko na samu abin riƙewa. Bai yi ba.

"Da kin tambaye ni," ya ce. "Da kin ce min hotonki kike so a gani, da na sayi wata wayar na sa shi, na zo da ita. Abu mai sauƙi."

Ya karɓi wayarsa, ya sa a aljihu bai kalli fuskarta ba, ya tada babur ya tafi.

A cikin gida ana ta shewa. Na wuce kicin na tsaya gaban firjin da ya gyara, wanda yanzu ko motsinsa ba a ji, na fashe da kuka. Umma ta same ni a haka. Da na gaya mata, ta yi salati ta zauna a kan buhun shinkafa. Ba ta yi min faɗa ba ita ma. Cewa kawai ta yi, "Auta, ni da ina da hoton tawa uwar tana dariya, gara in bayar da gidan nan da in bayar da shi." Wannan maganar ta fi min mari zafi.

Washegari na tambayi mai gyaran wayar da ke kusa da shagonmu, ya ce in asalin hoton ya tafi kuma an ɗora wani a kai, sai dai haƙuri. Na tura wa Sanyina saƙo ya fi goma. Yana karantawa, amsarsa ɗaya ce: "Lafiya lau." Kalmar da a da take ba ni dariya ta koma tana tsorata ni. Ina zaune a kan kujerar da ya haɗa min, ina ba mutane magani ina kuskuren canji, sai abin ya faɗo min kamar an watsa min ruwa. Hoton da na tura wa Yaya!

Na kira ta nan take. Ta ce ita ba ta goge komai a waya, bari ta duba. Ba a jima ba hoton ya shigo. Na buɗe ina cewa alhamdulillahi, alhamdulillahi, ga ta nan, ga igiyar shanyar, ga hannun, ga dariyar, har tsagewar gilashin ta fito. Sai na ƙara girman hoton, godiyar ta tsaya cak.

Ranar da muka ɗauka tagar falo a buɗe take a bayanmu, gilashin wayar ya zama madubi. A kan rigar mahaifiyarsa mai duhu, daidai ƙirjinta, ga fuskoki biyu sun fito raɗau. Yaya ta nuna ta da yatsa. Ni kuma na wage baki ina dariya har ido ya rufe. Ba wanda zai kalli hoton nan ya ce gaisuwa muke yi. Na gwada yanke ƙasan, sai ya tafi da haɓarta da rabin hannunta. Na gwada rage haske, fuskarta ta riga tawa ɓacewa. Duk yadda na yi, in dai ana son ta cikakkiya, sai an ɗauke ta da mu.

Na sake kiran Yaya.

"Kin ga abin da ya fito a ciki?"

Wannan karon Yaya ba ta yi dariya ba. Can ta ce, "Na gani. Auta, kada ki tura masa."

"Shi kaɗai ya rage a duniya, Yaya."

"Na sani. Amma yanzu a wurinsa kuskure kika yi, kuskure kuma ana yafe shi. In ya ga wannan, ba kuskure zai gani ba. Ki yi shiru, zai huce, kawunsa ya zo a wuce wurin. Bayan aure, in kin haihu, kya nuna masa."

Na kashe wayar na zauna. Ba zan yi muku ƙarya ba, maganarta ta shige ni. Ina son mutumin nan, ina son shi fiye da yadda na taɓa gaya masa, kuma na san shiru zai iya kai ni gidansa. Na ɗauki wayar na ajiye, na ɗauka na ajiye. Abin da ya hana ni sakat ba shi ba ne ma, ƙanwarsa ce, yarinyar da ban taɓa gani ba. Na riƙa hango ta ta shigo shagonsa ta ce, Yaya, ba ni in gaida Mama, ya miƙa mata waya ta gan ni cikin koriyar riga. Na riga na ƙwace musu ita sau ɗaya ban sani ba. In na ɓoye wannan, na ƙwace ta sau biyu ke nan, kuma na biyun ina sane.

Na tura. Ban rubuta komai a ƙasa ba, don ba ni da abin rubutawa. Na ga alamar ya buɗe. Na ga alamar yana rubutu, ta ɓace, ta dawo, ta sake ɓacewa. Ba abin da ya shigo, ko "Lafiya lau" ɗin ma ban samu ba.

Jiya da la'asar, shagon ba kowa, ina jera kwalayen magani, na ji tsayuwar babur ɗin da ko cikin barci na san ƙararsa. Ya shigo da kayan aiki a jikinsa, tabon mai a aljihu kamar ranar farko. Ya yi sallama, na amsa da muryar da ban san tawa ba ce. Ya ciro wayar ya ajiye a kan kanta tsakaninmu, ya danna.

Hoton ne a fuskar wayar. Mahaifiyarsa da ɗankwalinta a karkace, da ni da Yaya a ƙirjinta muna dariya. Bai yanke komai ba. 'Yan alamomin nan suna nan a shafi na biyu, ba wadda ta hau mata fuska.

"Na gode," ya ce. "Kin dawo mana da ita. Na san za ki iya ɓoyewa, ba ki ɓoye ba. Ƙanwata ta gani, ta yi kuka, ta ce in yi miki godiya."

Hawaye suka zubo min. Na ce, "Don Allah ka cire shi, a samu wanda zai goge mu daga ciki."

"A'a. Na daina taɓa hoton nan." Ya ɗan yi murmushin da bai kai ido ba. "Ga shi kuma kin hau wayata, yadda Gwaggo take so. Ina tashi ke zan gani, zan kwanta ke zan gani."

Da ya ɗaga hannu ya mare ni da ya fi min sauƙi.

"Kawu yana ta tambayata ranar da zai je gidanku," ya ci gaba. "Ban ce masa ya je ba, ban ce kada ya je ba. Akwai abin da nake so in ji tukuna, daga bakinki, ba a saƙo ba. Ƙanwata ce ta tambaye ni na rasa amsar da zan ba ta." Ya turo wayar gabana da yatsa ɗaya. "Auta, me ya ba ku dariya?"

Na kalli matar da ba ta son hoto, na kalli bakina a wage a kan ƙirjinta. Fuskar wayar ta fara dushewa za ta mutu, ya sa yatsa ya taɓa ta, ta sake haskawa, ya ci gaba da jirana.